Wayar Inna Zulai a Kwanon Silba

Shekara biyu Zayyad bai taka Janfalan ba. Sai ya aiko wa mahaifiyarsa Zulai waya daga Kaduna, wai a riƙa gaisawa. Zulai ta adana ta inda take adana duk abu mai daraja, cikin babban kwanon silba na jerenta, ta danne murfi.

Kwana huɗu Zayyad yana kira, ba ta shiga. Rana ta biyar sai ga shi afujajan, har da maƙwabciyarsu Lucia, malamar kimiyya, a bayansa.

"Inna, ashe lafiyarki ƙalau! Ina wayar?"

Zulai ta buɗe kwano. Lucia ta tuntsire da dariya.

"Mama, ai kira igiya ce marar ganuwa, 'yar'uwar haske, daga dogon ƙarfen sabis take tasowa. Tana ratsa bangon ƙasa, amma ƙarfe tare ta yake yi. Kin rufe ta ruf, ta ina za ta shiga?"

"To, igiyar da ta taso tun daga Kaduna, murfin kwano ya kayar da ita? Ragguwa ce."

Ta dubi ɗanta da ke zaune a tabarma, yana tauna raken da ta fere masa. Ta mayar da wayar cikin kwano, ta danne murfi da hannu biyu.

"Inna, ba ki ji bayanin malama ba?"

"Na ji sarai. Shekara biyu waya tana hannunka ba ta kawo ka ba. Kwano ya kawo ka a kwana biyar."