Fatalwar Gidan Hatsue

Tun da aka sabunta wani tsohon wasan kwamfuta Hatsue ta daina samun sukuni. Maƙwabciyata ce, ni ina sayar da awara a bakin layi, ita kuma tana zaune ita kaɗai tun rasuwar mijinta Shozo. Shi ya zana hotunan wasan na farko yana matashi, labarin fatalwa ne da ake karantawa a kwamfuta, ana zaɓen abin da zai faru. A da hotunan dishi-dishi suke. Masu sabuntawa suka gyara su suka fito tas, har yaran Tokyo suka gane gidan da fatalwar take ciki na Hatsue ne.

Sai ga su a jirgin ƙasa, ƙungiya-ƙungiya. Hatsue ta fito shanya, a ɗauke ta hoto. Ta leƙo taga, a kwashe da ihu. Ta rufe labule, ta buɗe, ta zo shagona, ta koma ba ta sayi komai ba.

Wata ranar Lahadi ta cafke hannun wata budurwa a bakin ƙofa.

"Ke, me na yi muku?"

"Yi haƙuri, Kaka, kallo kawai muke yi."

"To nuna min abin da kuke kallo."

Yarinyar ta miƙa mata waya. Na bar awarata na matso. Ga kicin ɗin Hatsue a cikin wayar, ga butar shayinta mai karyayyen hannu. Yarinyar ta taɓa gilashin, fatalwar ta juyo a hankali: gashi ɗaure gefe guda, tawadar Allah a ƙasan idon hagu.

Hatsue ta daɗe tana kallo.

"Kikue," ta ce da ni, "wannan ai ni ce."

"Ke ce kam, lokacin kina da haƙora."

"Rufe min baki! Tun aurenmu mutumin nan bai taɓa cewa ina da kyau ba. Ashe fatalwa ya mai da ni."

"Ai kowa sonta yake yi, Kaka," in ji yarinyar. "Ƙarshen labarin kuka ake yi."

Hatsue ta shiga gida, ta fito, ta sake shiga. Can ta fito da turaren tsinke da gugan wanke kabari, ta nufi hanyar maƙabarta da sauri.

"Ina zuwa?" na ƙwala mata kira.

"Wurinsa. Yau sai ya yi min bayani."

Wayar yarinyar na cikin aljihun Hatsue. Dole muka rufa mata baya.