Ƙeyar Hildy Prokop

An zana alamar alli a ƙasa inda za ta tsaya, kuma tun daga nesa Hildy Prokop ta lura cewa idan ta taka wurin, kyamara a bayanta za ta kasance.

"Kwantar da hankalinki, Uwar Kowa," in ji Nettie mai kwalliya, tana shafa mata hoda a goshi. "Fuskar Corinne, 'yarki a fim ɗin, za a fara ɗauka. In an gama sai a juyo kanki."

"Haka aka ce mini a fim ɗin bara."

"Bara ai farantin shayi kika riƙe. Wa zai kalli fuska ya bar kek?"

Hildy ba ta yi dariya ba. Tun kafin fim ya fara magana take shiga ƙofar wannan kamfani a Hollywood. Ta fito a mai gidan haya, ta fito a 'yar aiki, ta fito a gwaggo mai leƙen taga. A tashar bas mutane kan ce mata, "Kamar na san ki, ko a gidan burodi kike aiki?" Sai yau aka rubuta mata magana mai tsawo: uwa tana roƙon 'yarta kada ta bar gida. Darakta Brubaker da bakinsa ya yi alkawarin fuskarta za ta cika allo. Har ta aika wa ƙanwarta a Ohio cewa wannan karon ba sai ta yi ta laluben ta a bayan mutane ba.

Corinne Ashby, tauraruwar fim ɗin, ta iso a makare tana dafe da kai. Aka kunna fitilu, aka ɗauka, aka sake, aka kuma sakewa. Idon Corinne ƙamas, ko ɗigon hawaye babu.

"Yanke!" Brubaker ya jefar da hularsa. "Haba 'yar lele, uwarki ce fa take roƙonki. Kin tsaya kamar mai zaɓen takalmi a kanti."

"To ta ba ni abin da zan yi wa kuka mana," in ji Corinne. "Karatu kawai take yi mini."

Gaskiya ta faɗa, Hildy tana riƙe da hawayenta. Duk tsohon hannu ya san ba a zubar da hawaye alhali kyamara tana kallon ƙeya. Adana su ake yi sai an juyo. Amma rana tana tafiya, masu fitilu sun fara duban agogo, kuma muddin Corinne ba ta gama ba, ba mai juya komai.

Nettie ta raɗa wa Hildy, "Kar ki kuskura ki ba ta. Hawayen nan naki ne."

Aka sake kunnawa. Hildy ta dubi yarinyar, ta ga gashin idon ƙarya yana rawa don gajiya, ta saki abin da ta yi shekaru tana riƙo. Muryarta ta karye a daidai inda ya kamata. Ta kama hannun Corinne, abin da babu a rubuce, ta ce, "Ko rigar sanyi ki ɗauka." Fuskar Corinne ta yamutse, hawaye na gaske suka zubo.

Brubaker ma ya manta bai ce a yanke ba sai can.

"Shi ke nan! Mun samu! A kwashe ɗakin nan, a kawo na tashar jirgi."

Hildy ta goge ido ta matsa kusa da shi. "Ranka ya daɗe, nawa fa?"

"Naki?" Ya dafa kafaɗarta, fuskarsa cike da murna. "Hildy, yau kin kashe ni! Duk abin da kika yi yana nan a fuskar Corinne. In na yanko zuwa kanki ai na ɓata shi. Wane mahaukaci zai taɓa wannan?"

"Ka yi alkawari."

"Na yi, na yi. Ji nan, mako mai zuwa akwai wata kuku a fim ɗin sojojin ruwa, mai barkwanci. Ke na sa a raina."

Bai jira amsa ba, aka kira shi. Ma'aikata biyu suka ɗaga bangon ɗakin da tagarsa da labulensa suka wuce ta gabanta. Jama'a sun kewaye Corinne, ana miƙa mata ruwa, ana yaba mata. Nettie tana can tana gyara mata ido.

Hildy ta kwance rigar girkin da aka ɗaura mata, ta ninke ta da kyau, ta ajiye a kan kujera. Ta bi ta bayan wayoyin fitilu har ƙaramar ƙofar gefe, ta riƙe ta da hannu don kada ta yi ƙara, ta fita.