Wasiƙu Biyu da Na Ƙona wa Frau Haslbeck

Mutanen garinmu suna kirana jaruma, ni kuwa da na ji kalmar nan sai raina ya ɓaci. Abin da suka sani shi ne Ottilie mai raba wasiƙu ta ƙona takardun 'yan tsegumi a zamanin yaƙi. Gaskiya ne, na ƙona. Amma akwai guda biyu da ba su san labarinsu ba, kuma su ne suka hana ni sakat har na tsufa.

Na shiga aikin gidan waya a shekara ta biyu da fara yaƙi, bayan an kwashe maza zuwa fagen daga. Gurbin mahaifina aka ba ni. Shekara talatin ya yi a aikin nan, kuma abu ɗaya ya cusa mini tun ina ƙarama: wasiƙa amana ce, ko ta maƙiyinka ce ba ka buɗewa, ko ɗaga ta ka haska a rana ba ka yi. Da safe in zaga gari da jaka, da la'asar in kwashe akwatin bakin kasuwa, in buga hatimi, in ɗaure, in kai wa jirgin ƙasa na ƙarfe biyar. Garin bai taka kara ya karya ba, rubutun kowa na sani kamar yadda na san fuskarsa.

Wata rana na ɗaure wata ambulan da aka rubuta wa ofishin 'yan sandan ciki a birni, ba sunan mai aikowa a bayanta. Rubutun matar mai sayar da nama ne. Bayan kwana tara aka zo da mota aka tafi da Herr Zierer mai gyaran takalmi, wai yana sauraron rediyon ƙasashen waje. Tsohon da kunnensa ɗaya ma ba ya ji. Bai dawo ba. Ni na buga wa takardar nan hatimi, ni na kai ta jirgi, kuma na kasa daina tuna haka.

Daga nan duk ambulan da ta zo da adireshin ofishin nan, ba suna a baya, sai ta zame cikin aljihun rigata, daga can ta wuce murhun da muke ɗumama ofis. Shugabanmu Herr Dallmeier ɗan jam'iyya ne na gani-kashe-ni, amma ƙarfe huɗu yake fita shan giyarsa, ba ya fashi. Masu suna a baya ina barinsu su wuce, don a ganina mai gulma ba ya sa sunansa. Ban taɓa buɗe ko ɗaya ba. Dubi wauta, don Allah: ina aikata laifin da zai iya kai wuyana ga igiya, amma ina tinƙaho da cewa ban karya dokar mahaifina ba.

A bazarar 1943 aka kama Korbinian Haslbeck mai gyaran rufin gidaje. Shi ba wasiƙa ce ta kai shi ba, bakinsa ne. A gidan giya ya ce Shugaban ƙasa ya yi alkawarin sama wa kowa aiki kuma ya cika, don tun da aka fara ruwan bama-bamai masu gyaran rufi ba su huta ba. Kowa ya yi dariya, ban da mutum ɗaya. Aka ce yana karya gwiwar jama'a a lokacin yaƙi, kuma kowa ya san a shekarar nan ana kashe mutum a kan wannan.

Matarsa ta fara jirana a bakin shingen gidanta kowace safiya. In ce babu komai yau, Frau Haslbeck, ta gyaɗa kai ta koma ciki. A rana ta goma ta ce in shigo in huta. Ta zuba mini kofin nan na bogi da muke sha a lokacin, wanda ba kofi a cikinsa sai launi, ta zauna ta gaya mini abin da take jira.

A yaƙin duniya na farko, ta ce, Korbinian ya goyo hafsansa da aka harba har ya fitar da shi daga filin, a nan ya rasa yatsu uku. Hafsan ya rubuta masa shaida da hannunsa, aka haɗa masa da takardar lambar yabo. Hafsan ya rasu tuntuni, takardun nan kuma ba su da kwafi. Fadan cocin garinmu ya ce mata irinsu sun taɓa sa alƙali ya sassauta, ta aika su da wuri kafin a zauna shari'a. Kunyar tsayawa gaban Herr Dallmeier ta hana ta zuwa gidan waya da kanta, sai fada ya buga mata adireshin da tafireta, ta jefa a akwatin kasuwa. Ba ta sa suna a baya ba, don kada gari ya ɗauka.

Na tuna ambulan ɗin sarai. Ruwan ƙasa ce, mai kauri, ta ƙi cin wuta har sai da na tsokane ta da ƙarfe. Ina tsokana ina cewa a raina wannan munafukin shafi nawa ya rubuta.

Da na so da na shanye kofina na tafi. Amma bakina ya riga ni.

"Ba amsar da za ta zo, Frau Haslbeck. Ni na ƙona ta."

Na gaya mata komai, tun daga Herr Zierer. Ba ta yi ihu ba, ba ta zage ni ba, da ta zage ni ma da na fi jin sauƙi. Ta karɓi kofin daga hannuna ta ajiye, ta tambaye ni ko ban duba abin da ke ciki ba.

"Ba ma buɗe wasiƙar mutane," na ce. Sai da maganar ta fita na ji yadda take.

Ta ce, "To daga yau ki riƙa buɗewa."

Bayan kwana biyu, da la'asar, na zazzage akwatin kasuwa a kan tebur, sai ga ambulan zuwa ofishin nan. Rubutunta ne, ga sunanta cikakke a baya, Kreszenz Haslbeck. Na jira Herr Dallmeier ya ɗauki hularsa, na sa wuƙa na farke. Ita ce wasiƙar farko da na taɓa buɗewa a rayuwata.

Ta rubuta cewa ta aiko da takardun shaidar mijinta ranar kaza, mai raba wasiƙu Ottilie Rehm ta ƙona su tare da wasu da yawa, kuma ta faɗa mata haka da bakinta. Tana roƙon a ɗaga shari'ar ranar Juma'a har a bincika tsoffin rajistocin soja. Ba ƙarya ko ɗaya a ciki, ba zagi. A ƙarƙashinta akwai wata 'yar guntuwar takarda daban: "Ottilie, na san ta hannunki za ta bi. Da na ga dama da na hau jirgi na kai da kaina. Na kasa. Ki yi abin da kika ga ya dace."

Saura minti arba'in jirgi ya tashi. Na gaya wa kaina cewa mutanen nan ba sa ɗaga shari'a, rataye mu za su yi mu biyu, ni da Korbinian, su huta. Na ce in ba ni a wurin nan, duk wanda ya gaje ni zai aika kowace takarda, a riƙa kwashe mutane ɗaya bayan ɗaya. Na ce mahaifiyata na kwance, ba mai juya ta sai ni. Duk wannan gaskiya ne, har yau ban ga ƙarya a ciki ba. Amma Allah ya sani ba su ne suka sa ba. Tsoro ne.

Na manne ambulan ɗin na buga mata hatimi na sa a jaka. Na fitar. Na sake sawa, na kai har bakin ƙofa, na dawo. Da na ji jiniyar jirgi daga nesa, na buɗe murhu na jefa ta. Ita kam nan da nan ta ci.

Ba ta tambaye ni ba. Washegari tana bakin shinge kamar kullum, ta gan ni da jakata ina tafiya da ƙafata, ba wanda ya kama ni, wannan ya ishe ta amsa. Na ci gaba da ƙonawa har yaƙi ya ƙare, amma sai na karanta tukuna. A cikin kowace goma sai in sami ɗaya ko biyu ta uwa ce ko mata tana roƙo, tsoro ya hana ta sa suna. Waɗannan nake mannewa in aika. Nawa irinsu na ƙona a baya, ban sani ba.

Bayan mako uku wata ambulan ta zo daga birni da hatimin kotu, da sunanta. Siririya ce ƙwarai, kuma duk mai raba wasiƙu a shekarun nan ya san ma'anar siririya: an zartar da hukuncin kisa. Na bar gidanta ya zama na ƙarshe a zagayena, na bi ta hanya mai nisa, amma dai na isa.

Tana tsaye a wurinta. Na miƙa mata da hannu biyu. Ta juya ambulan ɗin ta duba hatimin, ta duba bakinta ta ga ba a taɓa shi ba, sannan ta ɗago.

"Wannan dai kin kawo, Ottilie," ta ce.