Ɗorawar Iya Kande

Kwarin Maje ƙauye ne tsakanin Ƙaraye da Rogo, a cikin wani kwari mai baƙar ƙasa, rafi ta gabas, tudu ta yamma. Tsofaffi sun ce wani maharbi ne ya fara saran wurin a gindin itacen maje, manoma suka biyo shi saboda dawa da gyaɗa, daga baya Fulani suka kafa ruga can bayan tudun suna sauko da shanu rafi. Amma in ka je kasuwar Rogo ka ce daga Kwarin Maje kake, ba wanda zai tambaye ka labarin maharbi. Daddawar Iya Kande za a tambaye ka.

Iya Kande gajeriya ce, ga baki kamar aska, ga hannu a dunƙule. Wannan ba gulma ba ce, ita ma ta san ana faɗa. Tana da itatuwan ɗorawa a bakin rafi, manya-manya, gadon uwarta. Da bazara ta sa a kaɗo mata, ta daka ta fid da gari, ta wanke kalwar, ta dafa ta yini guda, ta surfe da toka, ta rufe a kwando da ganye har ta ruɓa. Ranar da ta buɗe kwandon nan, ko baƙo ya ratso garin ya san inda gidanta yake. Da wannan sana'a ta aurar da 'ya'yanta, da ita ta riƙe kanta bayan mutuwar mijinta.

Ƙawarta guda ce a duniya, Yelwa, Bafillatana mai tallan nono, matar Hamma na rugar bayan tudu. Tun suna amare gidan Kande ne masaukinta, a nan take sauke ƙwarya ta yi sallar azahar. Duk damina sai ta kawo wa Kande man shanu cike da ƙoƙo. Kande kuwa da bazara, in ta gama tsince kalwa mai kyau, sai ta share wadda ƙwari suka huda da wadda ta zube gindin turmi, ta ɗura a tsohon buhu.

"Ungo, kai wa maruƙanki," in ji Kande. "Ba na son a ce ban iya alheri ba."

"Allah ya saka, Kaɗo," in ji Yelwa, don haka take kiranta, kamar yadda Fulani ke kiran Bahaushe. "To, ko ƙwallon daddawa ɗaya ba za a ɗora a kai ba?"

"Ke da kika ce tana wari?"

Yelwa ta yi dariya ta ɗauki buhunta. Haka suka yi shekara da shekaru, matan gari na kallo suna taɓa juna. Kuma duk tsawon zaman nan Kande ba ta taɓa taka ƙafa ta je rugar ba, wai ƙuda ya yi yawa.

Sai aka yi madatsar ruwa ta Challawa, aka ce ruwa zai cinye kwarin, kowa ya hau tudu. Aka yi kuka, aka yi addu'a a maƙabarta, aka kwashe azara da ƙofofi aka hau. Wanda ya rasa ɗaki ya gina wani, wanda ya rasa gona aka yanka masa wata. Mai ɗorawa ce kaɗai ba ta da yadda za ta yi, don a garin nan ba a shuka ɗorawa. Tun kakanni an ce wanda ya shuka ta da hannunsa ba zai kai ga cin 'ya'yanta ba. Malamai sun sha faɗa cewa rai a hannun Allah yake, kowa ya ce haka ne, amma ba wanda ya gwada.

Kande ta riƙa zuwa bakin tudu tana kallon ruwa yana hawa itatuwan uwarta, ganye ya yi rawaya, ya zube, suka tsaya tsirara a cikin ruwa. Bazara ta zo ba kalwa. Babbar tukunyarta ta kwanta a bayan ɗaki har kaza ta yi ƙwai a ciki. Abin da ya fi tayar wa mata hankali shi ne bakin Kande ya mutu. Talatu maƙwabciyarta ta saki akuyarta ta shiga gidan da gangan don ta ji zagi, Kande ta dubi akuyar kawai ta kau da kai.

Ran nan da hantsi Yelwa ta shigo ba ƙwarya a kanta.

"Kaɗo, ɗauki mayafinki."

"Ina za ni? Ni yanzu sai kabari."

"Kabarin zai jira. Yau dai sai kin shaƙi ƙudanmu."

Suka bi burtalin shanu suka zaga bayan tudu, suka wuce rugar, har wani tsohon mashekari inda Hamma ya yi shekaru yana kwantar da shanu kafin ya matsa gaba. Kande ta ja ta tsaya. Ga ɗorawa nan matasa sun yi sahu, a jere reras kamar masu sallah, kowace ta yi 'ya'ya har suna rinjayar reshe.

"Wa ya yi wannan ganganci?" in ji Kande.

"Buhunki ne. Nan dangwalin maruƙa yake, igiyar da muke ɗaure su a jere. Abin da suka ci, a nan suka kasayar. Da na ga sun tsiro sai na kewaye su da ƙaya. Inuwa kawai nake nema wa maruƙa."

Kande ta rungumi wata ta yi ta shafa ɓawonta.

To amma zance ba ya kwana a garin nan, Talatu na da rai. Kafin la'asar ya kai kunnen dagaci Lado. Ga al'ada kuwa, duk ɗorawar da ta fito don kanta a daji, ba a gonar kowa ba, ta dagaci ce. Lado ba mugu ba ne, amma shi ma ruwa ya ci nasa itatuwan, kuma matansa na son miya ta yi daɗi. Ya aika aka kira Kande da Yelwa da Hamma ƙofar gidansa, rabin gari ya biyo su wai duk hanya ce ta kawo su.

Bayan an gaisa, an tambayi gida da shanu da gajiyar ƙaura, Lado ya gyara zama.

"Iya, magana ɗaya ce. In ta Allah ce ta fito a daji, kin san ta wane ne. In kuwa ke kika shuka, taki ce, ba mai taɓa miki. Kin shuka?"

Kande ta auna maganar a ranta. In ta ce a'a, sana'arta ta tafi ke nan. In ta ce i, ta kira wa kanta likkafani a gaban jama'a. Ta dubi Lado, yaron da ta taɓa kora daga gindin ɗorawarta da muciya, yau ga shi ya sa ta a tsaka mai wuya yana murmushi.

Sai Hamma ya sauke sandarsa daga kafaɗa.

"Ranka ya daɗe, ka taɓa ganin itacen daji ya yi sahu?"

"Ban taɓa ba."

"To shukawa aka yi. Iri na Kande ne, Yelwa ta ɗauko, amma ba hannun ɗan Adam a ciki. Maruƙana ne suka shuka."

Lado ya ɗaga gira. "To ina maruƙan, mu ji ta bakinsu?"

"Ai maganar kakanni ta kama su, ranka ya daɗe. Sun girma, an kai su kasuwa, mahauta sun gama da su tuntuni. Ko ɗaya bai ɗanɗani 'ya'yan ba."

Wuri ya kece da dariya, har Lado sai da ya share hawaye da hannun riga. Da ya natsa ya ce to ai Yelwa ce ta tsare su da ƙaya, hakkinta ne.

"Ni in yi me da ita, ranka ya daɗe?" in ji Yelwa. "Warin abin ma kore ni yake. Kaɗo ta riƙe. Sharaɗina ɗaya, bana in za ta yi mini alheri, kada ta haɗa da tsintsiya."

Mata suka yi shewa. Kande, wadda ba a taɓa kayar da ita a magana ba, ta ja mayafi ta rufe fuska. Can ta ce a hankali, "Allah ya jiƙan iyayenki, Yelwa. Allah ya sa albarka a garkenku." Aka amsa da amin. Ta juyo wajen Lado ta ce, "Kai kuma ka aiko da ƙoƙo, kada matanka su ce na hana su miya. Ƙarami fa." A nan kowa ya san ta warke.

Aka kori kaza daga tukunya. Da kwandon farko ya nuna, sabon gari ya ɗauki warin tsohon gari, har wata tsohuwa ta fito tsakar gida ta ce sai yau ta yarda an ƙaura lafiya. Kande ta cika ƙwarya da ƙwallaye, ta ɗora buhu a kan jakin Talatu, ta bi burtali da ƙafarta har ruga. Buhun nan kuwa, waɗanda suka leƙa sun ce ko ɗaya ba mai huda a ciki, zaɓaɓɓiya ce zalla, ta maruƙa.

Yelwa ta tare ta da murna, ta toshe hanci ta ce a ajiye ƙwaryar can bayan bukka. Kande ta zauna a tabarma tana korar ƙuda tana mita, ta sha fura ƙoƙo biyu, ba ta taso ba sai da rana ta yi sanyi.

Sauran mutanen gari dai har ta koma ga Allah ba wanda ta taɓa yi wa gyara a daddawa. A tambayi Talatu.