Wasan Brynn Daga Cikin Gonar Masara

Ranar Asabar ɗin da aka fara sa Brynn cikin 'yan wasan farko na ƙwallon raga a Kwalejin Cedar Fork, kakarta Marlys Sedlacek ba ta cikin 'yan kallo. Tana kan injin girbi a tsakiyar gonar masara, can gabashin Nebraska, kuma ita ta zaɓar wa kanta haka. Masu hasashen yanayi sun ce daga Lahadi ruwa zai sauka ya ɗauki kwanaki, ga masara ta bushe ƙayau tana jiran mai cirewa. Ɗanta Dennis, uban yarinyar, ya so ya zauna ya yi aikin. Ta ce masa bai isa ba, 'yarsa ba za ta ɗaga kai ta duba cikin jama'a ta rasa ubanta ba. Tun da safe ta kora shi da matarsa, ta ɗora musu kwali guda na kolace, ɗan burodin nan da take cusa wa zaƙi a tsakiya, ta ce su kai wa yaran.

Ba ta damu ba, domin a ganinta kunne ya ishe ta. Shekara da shekaru a rediyo take jin wasannin kwalejin, har ta fi gane wasa da ji a kan gani. Sai da ta hau injin bayan abincin rana ta murɗa rediyon ta ji shiru, ko ƙara babu. Ta leƙa sama ta ga babu eriya, sai ɗan guntun ƙarfe a lanƙwashe.

Mijinta Emil, wanda ciwon gwiwa ya mayar da shi direban babbar motar da ke kai masara rumbun gari, ya ce ƙofar rumfa ce ta cire ta shekaranjiya, ya kuma yi niyyar faɗa mata. Marlys ta tambaye shi ko ƙofar ce ta taso da ƙafarta ta zo ta samu injin. Ya sosa ƙeya ya ce ai akwai waya, ba Brynn ta saka mata wani abu a ciki ba?

Da gaske akwai. A hutun da ya wuce Brynn ta zaunar da ita a kicin ta nuna mata inda za ta taɓa ta ji gidan rediyon kwalejin ta intanet, ta sa ta maimaita har ya zauna mata. Marlys ta jingina wayar kusa da sitiyari, ta taɓa, sai ga hayaniyar ɗakin wasa ta cika injin, ganguna da tafi da muryar mai sharhi yana jero sunayen 'yan wasa. Ta yi murmushi, ta saki injin ya shiga masara.

Matsalar ita ce gonar ba shimfiɗaɗɗiya ba ce. Daga kan tudu take gangarowa zuwa wani kwari inda rafi ya ratsa, sabis kuwa a kan tudun kawai yake. Mai sharhi yana cewa, “Sai kuma mai lamba goma sha ɗaya, 'yar aji ɗaya daga...” injin ya fara gangara, murya ta ɗauke, wani ɗan zobe ya fito a fuskar wayar yana ta juyawa. Ta kai ƙarshen layi, ta juyo, ta hau tudu. Da sabis ya dawo, sai wayar ta fara yi mata tallar tayar tarakta, kafin tallar ta ƙare an sake gangarawa.

Haka turmin farko ya tafi. Ta koma gudu a kwari, tafiyar hawainiya a kan tudu, har masara ta fara zubewa ta gefe. Abin da ta samu tsinta bai wuce guntaye ba: an ci maki, ba ta san wa ya ci ba, an busa usur, ba ta san laifin wa ba.

Ta ɗauki oba-oba, wato rediyon da manoman yankin ke magana da juna a kai lokacin girbi, ta kira Emil, tunda rediyon motarsa lafiya lau yake. Ya ce tashar Cedar Fork ba ta kaiwa nan sosai, amma ya ji kamar an ce wasu sun ci turmin farko. Ta tambaye shi su wa. Ya ce a daidai nan ya shiga ƙarƙashin gada.

“Emil, shekara arba'in da wani abu ina aurenka, yau ne na tabbatar ba a aikenka,” in ji ta.

Sai wata murya ta uku ta shigo, a hankali, kamar mai taunar wani abu. Orval Bruning ne, maƙwabcinsu da ke girbi a gonar da shingen waya kawai ya raba da tasu. Orval a Kwalejin Dunmore ya yi karatu, su ne kuwa abokan karawar Cedar Fork a ranar, kuma tun suna da ƙuruciya shi da Marlys ba su taɓa barin wani wasa tsakanin makarantun biyu ya wuce ba tare da sun yi wa juna tsiya ba. Ko hular da yake sawa zuwa coci kalar Dunmore ce.

“Maƙwabciya, mu muka ci,” in ji shi. “In kina son jin sauran, tasharmu tana kamawa raɗau a nan. Kin san makarantar kirki, ko rediyonta ba ya shaƙewa.”

Marlys ta ce ta gwammace ta saurari kukan injin. Ya ce to shi ke nan, dama tausayi ne ya kama shi. Ta yi layi ɗaya, ta kalli zoben nan yana juyawa, sannan ta danna oba-oba ta ce ya saka, amma ya rufe bakinsa.

Orval ya samo robar ɗaure kaya ya naɗe maɓallin oba-obarsa don ya zauna a danne, ya rataye ta a gaban lasifikar rediyonsa. Nan take wasan ya shigo wa Marlys tar, a tudu da kwari duka. Sai daga baya ta gane ramin da ta faɗa. Oba-oba mutum ɗaya ke magana a lokaci guda. Muddin maɓallin Orval na danne, shi zai faɗi abin da ya ga dama ta ji, ita kuwa ko ta yi ihu ba zai ji ta ba. Kuma bai rufe bakin ba. Duk makin da Dunmore ta ci sai ya yi gyaran murya ya ce, “Ayya.” In Cedar Fork ta buga ƙwallo waje sai ya tambayi iska ko a makarantar ba a koyar da awo. Duk sanda injinan biyu suka yi kusa da juna a bakin shingen, Marlys takan ɗaga masa dunƙulen hannu ta cikin gilashi, shi kuma ya cire hula ya rusuna.

Ga mai sharhin shi ma ɗan Dunmore ne har ɓargo. In tasu ta maka ƙwallo sai ya ce gwaninta ce, in 'yar Cedar Fork ta maka sai ya ce sa'a. Duk wannan Marlys ta haɗiye. Abin da ya gagare ta haɗiya shi ne sunan. A turmi na biyu Brynn ta yi tsalle a bakin raga ta tare wata ƙwallo da kowa ya ɗauka ta wuce, mai sharhi ya ce, “Wannan sabuwar yarinya, Sedlasek, tana da tsawon hannu.” Ya sake faɗa, Sedlasek. Cedar Fork ta ci turmin, ta ci na uku, yana ta kiran sunan yana ɓata shi.

Da aka tafi hutu, Marlys ta tsayar da injin a ƙololuwar tudu, ta nemo lambar gidan rediyon Dunmore a waya ta kira. Wata budurwa ta ɗauka. Marlys ta gaishe ta da ladabi, ta ce ita kakar mai lamba goma sha ɗaya ce, tana kira daga kan injin girbi, kuma kakannin mijinta sun ɗauko wannan suna tun daga Bohemia, sun tsallaka teku da shi bai karye ba, don haka kada ya zo ya karye a bakin mutum ɗaya ranar Asabar. Ta faɗi sunan sau biyu a hankali. Budurwar ta yi dariya ta ce za ta kai saƙo yanzu.

An shiga turmi na huɗu ba da jimawa ba mai sharhin ya dakata ya ce yana da gyara. An kira daga wata gonar masara an ja masa kunne, sunan Sedlacek ne, yana neman afuwar Kaka, kuma yana fata masarar ta yi auki. Marlys ta ji ta cikin oba-oba Orval yana dariya har da tari. Ita ma ta yi dariyar ita kaɗai, ta share ido da bayan safar hannu, ta ci gaba da layinta.

Dunmore ta rama turmi na huɗu, aka tafi na biyar, na raba gardama. Rana ta fara karkata, gajimare ya taru ta yamma. Tun da aka fara turmin, Orval ya daina tsokana. Maki na tafiya kai da kai, wannan ya ci wancan ya rama. Marlys ta kama sitiyari da hannu biyu kamar za a ƙwace mata. Mai sharhi ya ɗaga murya: ƙwallo ta tashi ta gefen hagu, an ɗaga wa Sedlacek, ta tashi sama.

“Maka ta, 'yata! Maka ta!”

Ba mai sharhi ba ne. Orval ne, da iya ƙarfin muryarsa. Ƙwallo ta sauka a filin Dunmore, sai aka ji yana dukan sitiyari yana cewa tun tana 'yar mitsitsiya ya san za a yi haka, ai a jikin rumfarsa ta koyi bugu, har ta fasa masa taga. Sai kuma ya yi tsit. Da alama a lokacin idonsa ya faɗa kan robar da ke naɗe da maɓalli.

Wasan bai ƙare yadda Marlys ta so ba. Dunmore ta ci da ratar maki biyu, bayan wata ƙwallo ta taɓa raga ta faɗo ciki. Marlys ta ja dogon numfashi, ta jira ɓacin rai ya zo, sai ta tarar bai zo da yawa ba.

Orval ya kwance robar. Oba-oba ta yi ƙara, sai muryoyi suka ɓarke kamar an buɗe dam. Ashe duk manoman da ke kan wannan layin sun sha wasan tun daga turmi na biyu, ko suna so ko ba sa so, ba wanda ya samu damar cewa uffan. Mai kula da rumbun gari ya ce tun ɗazu yake neman kiran motoci ya kasa, amma ya yafe, wasa ya yi wasa. Wata mata daga gonar arewa ta taya Marlys murna, ta ce yarinya ta yi abin kai. Wani kuma ya tambaya ko kunnensa ne, ko kuwa ya ji wani tsohon ɗan Dunmore yana kiran 'yar Cedar Fork 'yarsa.

Orval ya ce iska ce ta haɗa layi. Marlys ta jira kowa ya gama, sannan ta danna maɓalli a karon farko tun rana.

“Orval, kun ci, na yarda,” in ji ta. “Amma gobe a coci zan kawo maka hular Cedar Fork, tunda duk gunduma ta shaida.”

Ya ce ya fi son a binne shi da kai a buɗe. Bayan ɗan lokaci sai ta ga injinsa ya bi ta ƙofar shingen ya shigo gonarta. Ya gama tasa, ya ce, kuma gajimaren nan ba zai jira mutanen da suka ɓata yini suna tsayawa a kan tudu ba. Suka jera injinan biyu, shi daga gefen rafi, ita daga sama, Emil yana ta kai da komo da mota yana ƙorafin sun fi ƙarfinsa.

Ana cikin haka wayar ta yi ƙara. Brynn ce, muryarta a dashe, ga hayaniyar 'yan mata a bayanta. Ta ce sun sha kashi, Kaka. Marlys ta ce ta ji, ta kuma ji yadda ta tare ƙwallon nan a turmi na biyu, amma a na huɗu ta yi saurin tsalle sau biyu, ta kula. Brynn ta yi dariya ta ce abin da koci ta faɗa mata ke nan. Ta ƙara da cewa 'yan wasan sun cinye kolace tun a ɗakin canja kaya, har suna tambaya ko kakar tana karɓar jikokin aro.

“Ki ce musu su ci wasan mako mai zuwa tukuna,” in ji Marlys.

Kafin duhu ya rufa sun cire layin ƙarshe. Emil ya kawo kofi a fulas da burodi da naman alade mai sanyi, suka zauna a bayan mota su uku suna ci, iska mai ƙamshin ruwa tana kaɗa karan masara. Orval ya fara bayanin yadda, a ganinsa, alƙalin wasa ya ma tausaya wa Cedar Fork a turmi na uku. Marlys ta miƙa masa kofi ta ce ya sha tun da zafi.