Mai Ɗaukar Katako

Sai da Rashida, ma'aikaciyar agaji, ta rantse cewa majigin nan ba ya magana, ba ya harbi, sannan mutanen sansanin gudun hijira na Assaga suka yarda suka shiga tantin. Wancan karon da aka nuna musu fim mai ƙarar bindiga, kowa ya ranta a na kare, har da masu dogara sanda.

Yagana ta jawo mijinta Fannami, ta zaunar da shi a gaba. A da masassaƙin jiragen ruwa ne. Shekara biyu ke nan da suka ƙetaro kogin Komadugu a guje, suka baro gawar ɗansu Abatcha a waccan gaɓar, kuma tun ranar Fannami bai sake furta kalma ba. An sha rubutu, an je likita. Ita dai muryarsa take so ta ji, ko da faɗa ne.

Aka tare hasken rana da barguna. A jikin farin zane wani siririn Bature ya bayyana, ɗauke da dogon katako a kafaɗa. Ya juya zai gai da wata mata, katakon ya kwashe ɗan sanda. Ya juyo ya ga abin da ya faru, ya kwashe mai tallar ƙwai. Fuskarsa kuwa ko gezau, sai ka ce mai zuwa ta'aziyya. Mutumin da ya daɗe da mutuwa ya zama ƙasa, ga shi ya sa Barebari da Fulani da Buduma suna riƙe ciki don dariya, ba tafinta.

"Kai, wannan wawa ne!" in ji Manzo mai gadi, yana share hawaye. "Ko katako bai iya ɗauka ba."

"Ya iya."

Muryar Fannami ce, a dishe ta fito. Yagana ta daskare a inda take, tana tsoron ko numfashinta ya kore ta.

"Dubi inda ya sa kafaɗa," in ji Fannami, idonsa na kan zanen. "Tsakiya daidai. Wawa ba ya samun tsakiya. Wannan gwani ne, da gangan yake yi." Ya dafa kafaɗarsa. "Haka Abatcha yake ɗauka."

Da aka tashi, Rashida ta tare Yagana a bakin tanti.

"Iya, fim ɗin ya yi daɗi?"

"Ƴata, ni ban gani ba," in ji Yagana, tana gyara mayafi, idonta na kan mijinta. "Gobe ki sake sa mana mai katakon nan."