Hoton Baba a Kan Rufi

"Ba zan fitar da su ba, Ustaz Isam."

Manajan filin ƙanƙarar ya dube ni, ya dubi 'yan matan nan shida da na kwaso daga Arba wa Nus, unguwar 'yan gudun hijirar Sudan, suna tangaɗi cikin takalman zamiya masu ƙarfe a ƙasa da suka yi musu yawa.

"Ma'alish, ki yi haƙuri, ya Mahasin," ya ce ƙasa-ƙasa. "Iyayen sauran yara na ƙorafi. Ki riƙa kawo su ran da ba kowa."

"Ƙorafin me? Launin fatarsu?"

Ya kawar da kai. A bango, daidai saman kansa, hoton mahaifina ne, Abakar, baƙi wuluk, ya ɗaga kofi yana dariya da giɓinsa. Tun yana yaro aka fita da shi daga Sudan zuwa wata ƙasar sanyi. A can ya shekara goma sha biyu yana wasan hoki na kan ƙanƙara, ya ci gasar ƙasar sau biyu. Da gwiwarsa ta lalace ya dawo Alƙahira, ya koyar a wannan filin har ya rasu. Ni na gaje shi bayan na gama jami'a. Da hotonsa ake tallar wurin.

"Khalas, shi ke nan," na ce. Na taka kujera na sauke hoton. "Yalla, yara, ku kwance takalma."

*

Yanzu a kan rufin gidanmu muke wasa. Mu kwara wa tayil ruwan sabulu, mu sa safa, mu raba tsofaffin sandunan hokin Baba. Hotonsa na jingine da tankin ruwa.

Yadda ya koyar haka nake koyarwa. Makon farko ba a taɓa sanda. Faɗuwa ake koya: ki faɗi ta gefe, ki kafa gwiwa ɗaya, ki miƙe ba ki riƙe kowa ba.

"Anti Mahasin, wai shi Baba Abakar ba ya jin sanyi?" in ji Lina, autarsu, tana zaune cikin kumfa.

"Ke dai tashi," yayarta Aya ta ce. "Ke da ko firij aka buɗe sai kin yi atishawa!"

Lina ta kafa gwiwa, ta miƙe ita kaɗai, ta murguɗa mata baki. Daga ƙasa Umma ta ƙwala kira: "Mahasin! Sabulun wankina kuka sake ƙararwa?" Muka tuntsire da dariya, har wasu suka sake zubewa.

Sau biyu Ustaz Isam ya kira ni. Yana son hoton ya koma, ni ma in koma, amma ban da yaran. Sau biyu na ce a'a, kuma ban yi nadama ba.

Aikin ya tafi. Shekara biyu ke nan ban taka ƙanƙara ba. Takalmana suna rataye a bayan ƙofa, tsatsa ta fara cin bakin ƙarfensu.